Zaren da Ke Ƙafar Baba Gado

Tun da na dawo daga ƙasar Yawuri ban sha shayi cikin kwanciyar hankali ba. Da na zauna a teburin mai shayin unguwarmu sai a fara: "Malam Sani, yaya ruwan? Da gaske ba a hango ƙarshensa? Ka ci giwan ruwa? Ina fim ɗin?" Na ba da labarin a tsaye, na ba da shi a zaune, har na lura duk maimaici ina ƙara masa gishiri, kifin yana ƙara girma, ni kuma ina ƙara jarumta. To kafin in mai da kaina maƙaryaci, gara in rubuta shi sau ɗaya yadda ya faru. Wanda ya sake tambayata takarda zan miƙa masa.

Ga wanda bai san ni ba, sana'ata fim, amma ba irin na soyayya da rawa ba. Fim na gaskiya nake yi, wanda ba a rubuta wa kowa abin da zai faɗa. Shekara goma sha huɗu ke nan, kuma kusan duk a kan maza: 'yan dambe, direbobin tirela, mahauta, 'yan tauri. Tambaya ɗaya nake ta bi da kyamara, me ake nufi in an ce wane namiji ne. Matata takan ce da ita na tambaya da tuni ta ba ni amsa, ba sai na ƙona man mota ba. Akwai kuma abin da ba na son tunawa. Wani ɗan dambe da na taɓa ɗauka, aka kayar da shi, na bi shi bayan fage na ɗauke shi yana kuka. Fim ɗin ya sha yabo. Shi kuwa 'yan garinsu suka riƙa kwaikwayon kukansa har ya bar dambe, yau ko a hanya muka haɗu kau da kai yake yi. Ban tambaye shi ba kafin in saka wurin, gaskiyar magana ke nan.

Labarin Baba Gado a bakin wani dillalin albasa na ji shi a nan Kano. Ya ce a Wara, bakin tafkin Kainji, akwai wani mai jirgin ruwa da ya haura shekara talatin yana ƙetarar da mutane, ko akuya bai taɓa rasawa a ruwa ba. "In namiji kake nema, je ka can," in ji shi. Ban yi wata-wata ba na kira Iliya, mai ɗaukar mini sauti. Shekararmu goma tare. Iyayensa Kambari ne na tuddan ƙasar Yawuri, Kirista ne, a Kano ya tashi amma yana jin yaren gida. Mutum ne marar yawan magana, sai dai in ya yi guda ɗaya ka kwana kana juya ta.

Doguwar hanya muka bi, ta Gusau da Sakkwato, don gajeriyar kowa ya san halin da take ciki. Muka kwana Sakkwato, da safe muka miƙa Jega da Koko. A shingen bincike na kan iyakar jiha aka ce mu buɗe bayan mota. Jami'in ya duba kyamara, ya duba ƙafafunta. Da ya kai hannu cikin jakar Iliya ya taɓo rigar makirfo, wadda ake sa masa don tare iska, mai gashi buzu-buzu, sai ya yi tsalle da baya yana salati. Ya rantse gafiya ce. Sai da Iliya ya cire rigar, ya sa masa abin ji a kunne, ya ce ya yi magana. Da mutumin ya ji muryarsa tana dawo masa tangaran, shi ke nan, ya kira abokan aikinsa kowa ya zo ya gaida kansa. Rabin awa muka yi a wurin kafin su sallame mu da addu'a.

A ƙasar Shanga muka ce bari mu ratse mu ɗauki gonakin shinkafa. Ni na matsa, Iliya ya ce ƙasar ba ta yi masa kama da mai ɗaukar mota ba. Ko taku ɗari ba mu yi ba tayoyin baya suka nutse. Muna tsaye muna kallon juna sai ga ayarin mata sun fito daga daji da itace, kuma duk cikinsu ba wadda ta ɗora a ka. A kafaɗa suke ɗauka, bayan wuya, kai a sake. Mu a Kano ko allura ce sai an yi mata gammo. Na ce Iliya ya tambayar mini wata tsohuwa dalili. Ta dube ni sama da ƙasa, ta faɗi wani abu, matan suka kwashe da dariya. Iliya ya ce cewa ta yi kan da mutum ke tunani da shi ba a mai da shi jaki, amma ta ga alamar ni nawa hutu yake yi, tunda na shigo da mota fadama. Suka ajiye itacensu suka tura mu, su shida, motar ta fita kamar wasa.

Yelwa muka ci abincin rana a kwata, wato bakin ruwa inda jirage ke tsayawa ana cinikin kifi. Jama'a, ni ban san kifi ba sai ranar. Abin da muke ci a Kano ashe gaisuwa ce kifi ke aiko mana daga nesa. An zuba mini tuwon shinkafa da romon giwan ruwa, gefe ga wasu ƙananan kifaye soyayyu da suke kira warangi, ana watsa su baki kamar gyaɗa. Garin zalama ƙaya ta tsaya mini a wuya. Ina ta kakari, idanu sun firfito, mai abincin ko gezau. Ta murza lomar tuwo ta ce, "Haɗe wagga, kada ka tauna. Bakano dai da gaggawa, kamar kihin za ya koma ruwa." Na haɗiye, ƙayar ta wuce, na kuma nemi ƙari ba kunya.

Da la'asar muka isa Wara ta ƙasar Ngaski. Wani malamin makaranta ɗan'uwan Iliya ya sauke mu, ya ba mu ɗakin da ya fi kowanne iska a gidan. Dalilin iskar kuwa, ɗakin ajiyar albasa ne, an tura buhunan gefe an shimfiɗa mana tabarma. Har yau in na buɗe jakar kyamara sai mutane su tambaya ko miya ake yi.

Washegari ranar kasuwar ƙetare ce. Da muka gangara kwata na ga ruwan, sai na tsaya cak. Ni da na saba da ruwan da in ka yi jifa dutsenka zai faɗa wancan gefen, ga ruwa har inda ido ya ƙare, sama ta sauko ta haɗe da shi. Tsoro ya kama ni, da kuma wani girman Allah da ban san yadda zan faɗe shi ba. Jiragen kuwa na katako ne dogaye, kowanne zai ci mutum sittin da kayansu, da inji a baya.

Baba Gado yana zaune a bayan nasa jirgin, hannu a kan mariƙin inji. Dogo ne baƙi, gemu fari fat, da baƙin tabarau. Na yi sallama na miƙa masa hannu, hannun nawa ya daɗe a iska kafin ya kama. Na ce a raina, lallai, manyan maza da ji da kai.

"Kai ne mai hoto?" in ji shi. "To ka zamna inda anka aje ka. Jirgi ba ya son mai tashi-tashi."

Yadda yake lodi ma abin kallo ne. Akwai wata ƙusa da ya kafa a jikin jirgin ta waje. Lokaci-lokaci sai ya zura hannu ya taɓa ta, ya auna yatsu nawa suka rage tsakaninta da ruwa. Da ya rage yatsu huɗu ya ce, "Ya isa." Nan wani attajiri ya iso da babur sabo, ya ce dole a ɗora masa, yana da sauri. Baba Gado ko juyowa bai yi ba.

"Alhaji, ko innata ce tat taso daga kabari, sai ta jira sahu na biyu."

A can gaban jirgin, daidai ƙurya, wata dattijuwa ce zaune da ƙwaryar fura. Aka ce mini matarsa ce, Inna Kulu, kullum tana bin jirgin tana sayar wa fasinja fura. Na gaishe ta, ta amsa ba ta ko dube ni ba, idonta na kan ruwa. Ban kawo komai a raina ba.

Haɗarin tafkin nan ba igiyar ruwa ba ce kaɗai. Lokacin da aka datse kogi, ruwa ya haɗiye garuruwa da gonaki da itatuwansu a tsaye. Itatuwan suna nan har yau, sun bushe sun yi ƙarfi kamar ƙarfe, wasu sun leƙo da kai, wasu suna ɓoye taƙi ɗaya a ƙarƙashi, kuma in ruwa ya ƙaru ko ya ja sai lissafin ya canza. Jirgin da ya hau kan ɗaya da gudu, cikinsa tsagewa yake yi. Ta tsakiyarsu Baba Gado ya riƙa ratsawa da mu. Zai karkata dama, sai ka ga baƙin kututture ya wuce ta hagu, kusa har ka iya taɓa shi. Zai rage wuta, sai ka ga inuwar wani a ƙarƙashin ruwa. Kansa a miƙe, ko leƙe ba ya yi.

"Wanga wuri da muke bisa, garinmu ne," ya ce da ni. "Ina yaro anka tashe mu. Tsamiyar ƙohwar gidanmu tana nan ƙasa tsaye. Da inuwa taka ba mu, yanzu jirage taka ci."

Na ɗauki fuskarsa, na ɗauki hannunsa a kan inji, na sauko da kyamara kan ƙafafunsa, don ni ina son ƙafar mai aiki, ba ta iya ƙarya irin ta fuska. Can tsakiyar ruwa wani fasinja ya taɓa ni ya ce yanzu mun bar jihar Kabi mun shiga jihar Neja. Na duba, ba shinge, ba mai tambayar takarda, ba mai tsoron gafiya. Muka ci kasuwar ƙetare, inda na ji harsuna huɗu a rumfa ɗaya ana cinikin gero, muka dawo lafiya bayan azahar.

Da yamma malamin ya tayar mana da janareto, na zauna duba abin da na ɗauka. Ina kan hoton ƙafafun sai na ga babban yatsan Baba Gado na dama ya motsa, kamar an fizge shi. Nan take jirgin ya karkata. Na mayar baya, na rage gudun hoton, na matso da shi. Zare ne. Siririn zaren kamun kifi, fari kamar ruwa, ɗaure a yatsan, ya shige ƙarƙashin katakon da ake takawa. Fizga ɗaya, jirgi ya yi dama. Fizga biyu, ya yi hagu. In aka ja aka riƙe, sai ya rage wuta. Na nemo wurin da na ɗauki gaban jirgin. Ga Inna Kulu, hannun dama yana dama fura, na hagu yana ƙarƙashin mayafi, gwiwar hannun tana motsi kaɗan-kaɗan. Sai na tuna hannuna da ya daɗe a iska, na tuna ƙusar da ake aunawa da yatsu.

Kunya nake ji in faɗa, amma tsalle na yi. "Iliya! Mutumin nan ba ya gani! Matarsa ce idonsa! Wallahi na samu fim, irin wanda ake samu sau ɗaya a rayuwa!"

Iliya ya cire abin jinsa ya ajiye. "Ka samu fim," in ji shi. "Shi kuma ka raba shi da sunansa, kamar wancan na dambe. In kuma ka yi shiru, jibi mutum sittin za su hau ruwa a kan zare ɗaya. Wanne kake wa tsalle?"

Na koma na zauna a kan buhun albasa. Ranar ban iya cin tuwo ba.

Da safe, da yake ba ranar ƙetarawa ba ce, muka nemi gidan Baba Gado. Yana zaure a kan buzu yana jan carbi. Bayan gaisuwa na rasa ta inda zan fara, sai kawai na ce, "Baba, na ga zaren."

Carbin ya tsaya. "Wane zare?"

"Na ƙafarka."

Sai ya ɗaga murya ya kira matarsa. Ta fito hannunta duk baƙin mai, riƙe da filogin inji tana goge shi da tsumma. Na kunna mata hoton. Ta kalla har ƙarshe, ta sauke ajiyar zuciya, ta zauna a bakin ƙofa.

"Shekara biyu da rabi ke nan," ta ce. "Mun tahi asibitin ido, likita yac ce jijiya ta mutu, babu magani. In mutum na kusa shina ganin duhunai, taku goma gaba kuwa sai hazo. Ni nik kawo dabarar zaren, don kada a yi mai dariya. Amma Malam, hwaɗa musu abin da yaf faru da damina."

Baba Gado ya kau da kai, sai ita ta faɗa. Zaren ya tsinke suna tsakiyar itatuwa, jirgi cike, inji na gudu. Ba ta da yadda za ta sanar da shi ba tare da asiri ya tonu ba. Sai ta miƙe ta yi ta tsalle tana kururuwa wai kunama ta shiga zanenta, har fasinja suka yi masa ihu ya kashe inji. Jirgin ya tsaya, kututture na gabansa bai fi kamu uku ba. Mutane suka yi ta yi mata dariya har ƙetare. Tana ba mu labarin tana murmushin yaƙe.

Na ce, "Baba, ba wanda za ka ba injin?"

"Wa? Ɗana na Ikko, ko hilahilin tuƙa kwale-kwale bai iya riƙo ba. Samarin kwata lodi sunka sani, ba su san itace ba. Mutum ɗaya ya san itacen ga kamar ni." Ya nuna wajen ƙofa da haɓa. Ashe ita 'yar masunta ce, mahaifinta bai haifi namiji ba, a cikin kwale-kwale ta girma, kuma injin nan ita ke kwance shi ta ɗaure a tsakar gida. "To amma ka taɓa ganin mace riƙe da inji a kwata? Kuma in nis saki injin ga, ni wa ne? Makaho mai zaman zaure, a aiko mai da tuwo. Shekara talatin in anka ce Gado, maza na gyara zama."

Muryarsa ta karye a wurin, kyamara kuma tana cikin jaka, ban ko kalle ta ba. Na ce, "Baba, hoton nan naka ne. Ba mai ganinsa sai da izininka, na ɗaukar maka alkawari. Amma ni ba zan sake shiga jirginka ba. In kuma wani ya tambaye ni dalili, ba zan yi masa ƙarya ba."

Ai kuwa ya harzuƙa. "Tashi ka ba ni wuri! Baƙon kwana biyu za ya koya min amana? Ni nike ɗauko gawar waɗanda wasu sunka zubar, tun kana tsumma!"

Muka fito jiki a sanyaye. Wunin nan duk na yi shi ina kai da kawowa a ɗakin albasa. Sau uku na ɗora yatsa a kan maɓallin gogewa ina fasawa. Ba zan yi muku ƙarya ba, rabin zuciyata tausayinsa take ji, rabi kuma fim ɗin take so har lokacin. Na kuma rasa abin da zan yi in gari ya waye na ga ana shiga jirgin. In tsaya a kwata in yi shela? In kama hanyar Kano in ce ba ruwana? Iliya ya ce mu jira safiya, dattijon bai gama magana da kansa ba.

Da hantsi sai ga Inna Kulu a ƙofar gida, ba ƙwaryar fura. "Malam ya ce ku taho da abin hotonku," ta ce, ta juya.

Mun tarar jirgin ya cika, Baba Gado ya auna ƙusarsa ya ce ya isa. Maimakon ya tayar da inji sai ya miƙe tsaye, ya buga katako da tafin hannu har kwata ta yi tsit. Ya cire tabarau ya sa a aljihu. Sannan ya sunkuya ya kwance zaren daga yatsansa, ya riƙa jawo shi daga ƙarƙashin katako yana naɗewa a hannu, yana ja, yana ja, mutane suna ɗaga ƙafa suna kallon abin da ke wucewa ta ƙarƙashinsu, har ƙarshensa ya zo. Ya ɗaga shi sama.

"Jama'a, ni Gado, ba ni gani. Shekara biyu da rabi ba ni gani. Kulu ka ganin hanya, ta ja zaren ga, ni in juya inji. Duk wanda yak ƙetare lahiya cikin jirgin ga, Allah ne yak ƙetarar da shi, sannan ita. Na ɓoye muku don ina jin kunya a ce Gado ya ƙare. Daga yau ita ka riƙon inji. Wanda bai yarda ba shi sauka, ba ni jin haushinai."

Can sai wani daga cikin samarin jirage ya ce, "Ashe duk kurin ga mace ka tuƙa shi!" Dariya ta ɓarke a gefensu. Amma wani magidanci da ke cikin jirgin bai yi dariya ba. Ya miƙe tsaye.

"Baba, ɗiyana ukku na sa cikin jirgin ga da Salla. Don sunanka nis sa su. Ashe bisa zare ka ɗora min su?"

Na zaci dattijon zai kare kansa, ya ce ai ba a taɓa yin haɗari ba, don gaskiya ne ba a taɓa yi ba. Sai ya juya wajen muryar ya sunkuyar da kai.

"Gaskiya taka, ɗana. Ba ni da ta cewa. Na ci amanarka, ka gahwarce ni."

Mutumin ya ɗauki buhunsa ya sauka. Maza da yawa suka bi shi, wasu don fushi, wasu suna cewa su mace ba za ta ja su ba. Samarin jirage suna ta kiran fasinja, ana ta sauke kaya. Da ƙura ta lafa, waɗanda suka rage ba su kai rabi ba, yawanci mata masu kai kifi da albasa, sai tsofaffi biyu-uku. Wata tsohuwa ta gyara zama ta ce, "Kulu, ja mu mu tahi, rana na yi."

Inna Kulu ta tako ta kan buhuna tun daga gaba har baya. Ta ɗaure mayafinta a ƙugu, ta kama igiyar inji ta ja. Bai tashi ba. Ta sake ja, ya yi tari ya mutu, samarin suka sa ihu. Ta tsaya ta taɓa wani abu a gefensa, ta ja na uku, ya ɗauka. Shi kuwa Baba Gado ya lallaba da hannu ya gangara tsakiyar jirgi inda ruwa ke taruwa, ya lalubo yankakkiyar jarka, ya zauna ya fara kwarfe ruwa. Aikin da ake ba wanda bai iya komai ba ke nan a jirgi.

Ni da Iliya muka shiga. Na fito da kyamara na fara ɗauka.

"Mai hoto, kana ɗauka?" in ji shi, bai daina kwarfa ba.

"Ina ɗauka, Baba."

"Ka nuna duka. Amma wurin da nib ba mutumin ga haƙuri, kada ka kuskura ka yanke shi."

Na ga maza sun karya ƙashin juna a fage, na ga wanda wuƙa ta lanƙwashe a cikinsa. Ban taɓa jin kwarjinin mutum ya cika mini ciki ba irin na dattijon nan da jarka a hannu, ruwa na jiƙa masa wando. Inna Kulu ta ratsa da mu ta cikin itatuwan nan tsaf, ta kai mu ta dawo da mu, da ta kashe inji sai ta ce kafaɗarta ta yi tsami.

Mun ƙara kwana huɗu. Tunda ba zai iya kallon hoton ba, Iliya ya sa masa abin ji a kunne ya saurari duk abin da muka ɗauka, ita kuma ta kalla, suka ce sun yarda. Magidancin nan bai dawo jirginsu ba har muka taho, kuma a kwata magana ta rabu biyu, wasu na cewa dattijo ya yi abin da ya dace, wasu na cewa ya zubar da girmansa a banza. Baba Gado kansa bai san wanne zai rinjaya ba, ya ce da ni in ya wuce yanzu ba ya jin ana gyara zama, sai dai a yi shiru.

Ranar da za mu taho mota ta ɓata mana lokaci, muka isa kwata don sallama jirgin ya riga ya ɗaga, fasinja ba su fi ashirin ba. Na tsaya a bakin ruwa ina ɗaga hannu. Na ga Inna Kulu ta sunkuya ta faɗa masa wani abu. Ya ajiye jarka, ya dafa buhu ya miƙe, ya ɗaga hannu sama yana kaɗawa da iyakar ƙarfinsa. Sai dai jirgin ya riga ya juya, ya ba mu baya, tsakiyar tafki yake ɗaga wa hannu inda ba kowa.

Kwata cike take, samarin jirage duk suna nan suna kallo. Na jira dariyar. Sai wanda ya fara yi masa ba'a ran nan ya haye kan jirginsa, ya kewaye baki da hannu biyu.

"Baba Gado! Dama! Juyo dama!"

Dattijon ya ɗan juyo. Wani ya karɓa, "Ƙara, Baba!" Masu dako suka ajiye kaya, mata masu kifi suka miƙe, kwata gaba ɗaya ta ɗauka, "Ƙara kaɗan! Ƙara! Yawwa, tsaya nan!" Ya tsaya daidai saitina, ya yi ta ɗaga mini hannu har jirgin ya yi nisa.